Kukan da Darakta Ya Hana

Yaya,

Ina gaishe ki, da fatan kuna lafiya. Yaya jikin Inna, ƙafar ta yi sauƙi? Yaya yara, yaya ƙarin haƙurinmu? Allah Ya jiƙan Baba.

Ni lafiya lau, kada ki sa damuwa. Aiki yana samuwa. Bana na fito a maigadi, na fito a direba, har gawa na yi. Ɗakina ne dai ba taga, amma kwana kawai nake yi a ciki.

Kin tambayi abin da ya hana ni zuwa. Ranar da kika bugo da labarin rasuwar, muna tsakiyar ɗaukar fim. Na fito a ɗan'uwan mamaci, aikina in tsaya bayan jarumi in sunkuyar da kai. Idan na tafi, sai an sake duk abin da aka ɗauka da ni, kuma wanda ya yi haka ba a ƙara kiransa. Na kashe waya na koma wurina. Ana kunna kyamara kuka ya ƙwace mini.

Darakta ya tsayar da aiki. Ya ce, "Malam, kukanka ya yi yawa, kana janye hankali daga jarumi. Matsa baya."

Na matsa, Yaya.

Don Allah ki ajiye mini tabaran Baba. Idan fim ɗin ya fito, ki nuna wa Inna. Ba za ta ga fuskata ba, amma ta duba bayan jarumin, akwai wata kafaɗa tana rawa. Ki ce mata a nan ba wasa nake yi ba.

Ƙaninki.