Abokan waƙata sun dawo nemana, ga Baba a kwance

Assalamu alaikum 'yan uwa. Admin a ɓoye sunana. Don Allah ku ba ni shawara, a inda nake ba ni da wanda zan faɗa wa wannan maganar.

Mu huɗu muka kafa ƙungiyar waƙa tun muna sakandare a Dutsin-Ma. Album ɗinmu na farko a wani ɗan situdiyo bayan kasuwa muka yi shi, kalangu da fiyano kawai, waƙoƙin soyayya masu sanyi, sai guda ɗaya da na rubuta wa mahaifiyata bayan rasuwarta. A na biyu kiɗan ya ƙara sauri, aka fara cusa Turanci, ana gyara murya da kwamfuta har ba ka gane ta waye. Ban so ba, amma na haƙura tunda muna tare.

Sai babana ya samu shanyewar ɓarin jiki, na koma ƙauyenmu a Rawayau, ni ne noma ni ne jinya, su ukun suka wuce Abuja. Da farko kullum muna waya, daga baya sai gaisuwar sallah. Album na uku a bayan ɗan acaɓa na fara jin sa, a hanyar Kurfi. Waƙar mahaifiyata ce suka ɗora wa kiɗan rawa. Ɗan acaɓan yana ta kaɗa kai, ya ce min yaran nan sun iya. Na ce masa haka ne.

Na kira babbanmu a ƙungiyar muka yi cacar baki, ya ce ai raya waƙar suka yi, ni kuma gona na zaɓa. Daga nan muka daina magana.

Makon jiya sai ga kiransa. Ya ba ni haƙuri, ya ce mutane suna ta tambayar tsohon salo, a na huɗu za su koma kalangu, kuma sun gwada wasu ba wanda ya zauna a gurbina. Yana so in taho da an gama girbi.

Da Baba ya ji sai ya ce, "Tafi abinka ɗana, Allah na nan." Amma ni ke ɗaga shi, ni ke masa alwala, ƙanwata tana aure a Birchi ga goyo. Kuma gaskiya ban sani ba ko waƙar nake kewa, ko dai mutanen da zan zauna da su mu yi dariya. A nan in na rera a gona, shanun huɗa ne kawai ke ji.

In tafi in bar Baba a hannun maƙwabta, ko in ce su nemi wani? In na ƙi, na san ba za su sake kira ba. Ya zan yi?