Ƙofar Baya

Daren Laraba, Highbridge

Yau na kai wa 'yata Hadiza dambun nama a benen da ta kama haya a Manhattan. Ƙofa biyu gare shi: ta gilashi don mazauna, ta ƙarfe a lungu don 'yan kai saƙo. Da na shiga ta gilashin, wa zan tarar a teburin gadi? Sani, wanda ya yi wata biyar yana kwana a falona sa'ad da ya zo ƙasar nan.

Bai ko ɗaga kai daga allon kyamara ba. Leda kawai ya hango a hannuna, ya ce da Turanci, "Masu kawo abinci, ƙofar baya."

Na ce, "Sani, ni ne."

Ya zabura. "Wallahi Alhaji, a allon nan duk masu leda kamarsu ɗaya!"

Ni da na kafa shago biyu da gumina! Na fita na zagaya ƙofar bayan, ta wajen shara, yana bina yana roƙo.

Ranar Juma'a zai zo shagona, ya saba shigowa ciki mu sha shayi. To, ni ma akwai gilashi tsakanina da masu saye. Ta 'yar tagar da ke jikin gilashin zan miƙa masa kofinsa, in ce, "Na gaba!"