Duwatsun Iyaka a Gonar Baffa Jelani

Kwargaba, 1949

Zuwa ga ɗan ƙanena Zayyanu, malamin daji a Goronyo. Gaisuwa mai yawa. Innarka Sabuwa na gaishe ka.

Bayan haka, ran Talata wasu mutane sunka zo da igiyar awo, sunka kakkafa duwatsu kewaye da gonata ta gabas. Na ce lafiya? Babbansu yac ce, "Daga yau nan gandun daji na, ba noma, ba kiwo." Na ce wane daji? Ga karan gerona nan tsakanin itacen! Yac ce shi dai takarda anka ba shi.

Kai ka san wurin. Sanda kakanka yab ba ni shi fako na, ko akuya ba ta tsayawa. Shekara talatin, in ina sassabe sai in bar tohon da yaf fito daga kututture, in kewaye shi da ƙaya. Yau ga gawo, ga ƙirya, ga aduwa. Maƙwabcina Ma'u, wanda yas sare komi nashi yas sa wuta, ba a taɓa gonatai ba. Ni anka kora. Kai da ke cikinsu, gaya mini, mi na yi? Wassalam.

Baffanka Jelani

Goronyo

Zuwa ga Baffa, Allah ya ƙara girma. Bayan gaisuwa irin ta ɗa da uba, takardarka ta iso.

Baffa, doka ce. Baturen daji ya ce rairayi na matsowa daga arewa, tilas a keɓe duk inda itace ya yi yawa. Ba kai kaɗai ba ne, an yi haka a ƙasar Rabah. Na ji za a ba ka wata gona a Marnona. Ka yi haƙuri ka karɓa, kada ka yi jayayya da masu gadi. A gaishe da Inna. Ka huta lafiya.

Ɗanka Zayyanu

Kwargaba

Zayyanu, gaisuwa.

Ba haƙuri na tambaye ka ba. Jiya Sabuwa tat tafi tsintar aduwa, mai gadi yaƙ ƙwace ƙwaryar yaz zubar. Aduwar da ta yi wa ban ruwa da tulu shekarar fari!

Kuma bari ka ji abin da dokarku ta haifa. Tun daga nan har Gandi, kowa ya ɗauki fartanya shina tumɓuke toho a gonatai, don kada ta yi kama da daji a karɓe. Na ga dattijo shina saran gawo shina kuka. Itacen da anka kashe cikin wata guda ya fi abin da kunka keɓe.

Sai abu guda. Na tafi wurin hakimi, magatakarda yak karanta mini takardar keɓe gonata. An rubuta gawo ɗari da sha bakwai, ƙirya tara, har da kanyar bakin rijiya. Masu awo ba su ƙidaya icce ko ɗaya ba, ina tsaye. Mutum guda na taɓa zagayawa da shi muna ƙidaya, bara da sallar layya. Ina jiran amsa.

Jelani

Goronyo

Baffa, ina gaisuwa, kaina a ƙasa.

Ni ne. Wata rana a ofis Baturen ya ce mutanen ƙasar nan ba su san komi ba sai sara da ƙuna. Raina ya ɓaci. Na zauna na rubuta labarin gonarka duka, yadda ka ta da itace daga kututture ba tare da ka dasa ko ɗaya ba. Nufina a koya wa mutane irin aikinka. Ya karanta, ya ce, "Madalla, wannan wuri bai kamata a bar shi hannun manomi ba." Ya ja jan layi a taswira ina kallo.

Sau biyu na rubuta ina roƙo. An ce in tsaya kan aikina. Wancan karo kunya ta hana ni faɗa maka, na ɓuya bayan doka. Ka yafe mini don Allah.

Ɗanka Zayyanu

Marnona

Zayyanu, gaisuwa.

Na karɓi gonar, yashi na zalla. Da na shiga sassabe na iske kututture da toho. Na ɗaga gatari in yi yadda kowa ka yi, hannuna ya ƙi. Na kai musu ƙaya. Ban ƙidaya su ba, kai ma kada ka tambaya.

Innarka ta ce in yafe maka. Ina ƙoƙari, ban gama ba. In ka samu hutu ka zo ka ci tuwo, amma ka bar alƙalaminka a Goronyo. Wassalam.

Baffanka Jelani