Kawu ya faɗi sunansa

Litinin, 4 ga Maris, 1996
Shugaban makarantarmu ya ce ni zan yi tafinta ranar Alhamis. Wata Baturiya ce daga ofishin jakadancin ƙasarsu, za ta koya wa mutanen Yelwa haƙƙin ɗan Adam. A mulkin soja! An ce in cika kujeru. Na aika wa Kawu Ɗanbaba a tunga, shi da ba ya ƙin taro.

Alhamis, 7 ga Maris
An yi. Ta ce kowa ya faɗi damuwarsa, ba za a rubuta sunan kowa ba. Na fassara har sau biyu. Shiru, don duk mun ga masu baƙin tabarau a kujerar baya. Sai Kawu ya miƙe. Shi a ganinsa ɗan halas ba ya magana a taro bai faɗi asalinsa ba. Ya yi sallama, ya ce, "Ni na Ɗanbaba ɗan Isa, na Tungar Mati. Soja sunka amshe man injin jirgi, sunka sa ni tsallen kwaɗo gaban ɗiyana." Ni kuma don a ji Turancina, ban rage ko kalma ba. Ta tafa masa, ta ce jarumi ne. Kafin la'asar motarta ta kama hanyar Kontagora.

Asabar, 9 ga Maris
Masu baƙin tabarau sun ɗauke Kawu da hantsi yana gyaran komar kifi. Ba su sha wahalar nema ba, ai ya ba su kwatance.

Laraba, 20 ga Maris
Inna ba ta amsa gaisuwata. Jamilatu, matar Kawu, ta tare ni a kasuwar kifi: "Malam, kai ka kirawo shi, kai za ka maido shi." Na ce ban sa shi faɗin sunan ubansa ba. Haka na ce mata, gaban mutane. Na dai rubuta wa Baturiyar.

Alhamis, 11 ga Afrilu
Amsa ta zo, takarda mai kyau. Gwamnatinsu ta "damu ƙwarai". Ta haɗo da hoton Kawu yana magana, wai ya fito a rahotonsu. Ya yi kyau a hoton.

Asabar, 27 ga Afrilu
An sako shi. Hannunsa na dama ba ya damƙar filafilin jirgi. Da ya gan ni sai ya tambaya ko Baturiya ta ji. Na ce ta ji. Ya ce alhamdu lillahi. Da ma zagina ya yi.

Talata, 7 ga Mayu
Wani taron, a Ngaski, wani Baturen, ni ne dai tafinta. Wata tsohuwa, Tamada, ta miƙe ta faɗi sunanta da na mijinta, ta daɗe tana bayani kan ɗanta da ke tsare. Na tari numfashinta na zaunar da ita. Bature ya tambaye ni abin da ta ce. Na ce tana yi masa barka da zuwa. Ya yi murmushi ya rubuta.

Zafi ne yau, shi ya sa na gajarta.