Sunana Bappa a Rajista, Kotu Kuma Ba Ta San Shi Ba

Assalamu alaikum jama'ar wannan gida. Admin a ɓoye sunana, dama sunan ne ya jefa ni cikin wannan hali. Don Allah ku ba ni shawara, kaina ya kulle.

Ni lebura ne a wata ma'aikatar gwamnati a Jimeta, ba zan faɗi sunanta ba, aikinmu dai haƙa rami da gyaran bututun ruwa. Shekara goma sha ɗaya ke nan ina kashuwal, wato ɗan wucin gadi, ba fansho, ba hutu, ranar da ka kwanta ciwo ranar babu kai. Lokacin gudun hijira na shigo garin nan da 'ya'yan yayana marigayi su uku, ko takarda ɗaya ban fito da ita ba. Yaran suna ce mini Bappa, kamar yadda ake kiran ƙanin uba, sai duk unguwarmu Limawa ta ɗauka. Maƙwabcin da ya kai ni aikin ma cewa ya yi ga Bappa, mai rajista Baba Yohanna ya rubuta Bappa Limawa, ni kuma yunwa ta hana ni gyara, na dangwala hannu na ɗauki diga.

Da muka gaji da alkawarin za a mai da mu famanan, ma'aikatan dindindin, muka haɗu muka kai ƙara. Yau a ɗage, gobe alƙali ya yi tafiya, jibi fayil ya ɓata, har takalmina ya san hanyar kotun nan. Da ƙyar aka ce duk wanda ya cika shekara goma a jere ya kawo hujja a tantance shi. Na kai katin ɗan ƙasa da na yi daga baya, lauyan ma'aikata ya ce mai wannan suna bai taɓa yi musu aiki ba, shi kuma Bappa Limawa babu shi a duniya. Wallahi ranar ji na yi kamar in tuɓe riga in nuna masa bayana ya ga tabon aikinsu. Na je wajen oganmu, mutumin da nake shiga kwata a gabansa, ya ce shi abin da ke takarda ya sani, na faɗa masa maganganu, shi ma ya faɗa mini, aka fitar da ni.

Lauyanmu ya ce hanya ɗaya ce, wanda ya rubuta sunan da hannunsa ya zo ya rantse cewa ni ne. To shi Baba Yohanna ma kashuwal ne, ya girme ni nesa, kuma an kira shi gefe an ce za a ba shi takardar famanan idan ya cire hannunsa daga shari'ar. Matarsa ta tare ni a bakin kasuwa tana roƙona da Allah kada in ja shi, wannan ce damarsa ta ƙarshe. Matata kuma ta ce idan na yi kunya, kunyar za mu dafa wa yara.

Jiya da la'asar sai ga shi a ƙofar gidana kan tsohon kekensa. Ya ce ya yi addu'a ya yanke, zai shiga kotu, in an kore shi an kore shi. Na yi masa godiya. Har ya hau keke sai ya juyo ya ce, "Bappa, rubuta mini sunanka na gaskiya a takarda in haddace, kar alƙali ya tambaye ni in ji kunya."

Shekara goma sha ɗaya muna cin abinci a kwano ɗaya, bai san sunana ba, amma zai ajiye aikinsa saboda ni. Ranar Litinin za a zauna, takardar tana aljihuna ban rubuta komai ba. Jama'a, in rubuta in kai masa, ko in bar dattijon nan ya karɓi takardarsa ta famanan?