Gwiwar Mai Ganga

Aarhus, 3 ga Mayu

Zuwa ga Solvej,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kafaɗarki ta yi sauƙi bayan aikin likita.

Ƙungiyar kiɗan su Mogens za ta yi wasan bankwana a watan Yuli, kuma ni aka ba aikin fim ɗin. Da su na fara shekara talatin da huɗu da suka wuce, ina zaune cikin motar aiki a bayan dandamali, allunan talabijin takwas a gabana, ina cewa a ɗauki wannan a bar wancan. Da su nake so in rufe. Roƙona ɗaya ne: ki dawo ki riƙe kyamara ta shida, ki saita ta a kan gwiwar Mogens mai ganga kamar yadda kika saba.

Naki da girmamawa,
Preben

Bornholm, 9 ga Mayu

Preben,

Ina gaisuwa. Kafaɗa tana nan, ko butar kofi ba ta ɗagawa.

Kai dai ba ka da kunya! Shekara shida ina durƙushe a gefen dandamali ina ɗaukar gwiwoyin ƙarti, ko daƙiƙa ɗaya ba ta taɓa fitowa a fim ba. Jikata ta ce in nuna mata aikina, na rasa abin nunawa. Ka sa wani. In kuwa ni kake so, ka faɗa mini amfanin gwiwar nan da bakinka.

Ka gaida matarka Inge, tana haƙuri da kai.
Solvej

Aarhus, 20 ga Mayu

Zuwa ga Solvej,

Bayan gaisuwa. Sau huɗu ina yaga takardar nan.

Kunnuwana sun tafi. Abin da likita ya maƙala mini a kunne yana taimakona da jin magana, amma kiɗa ya zama mini kamar injin wanki a gidan maƙwabta. Da gwiwar nan nake aiki. In ta sauka na san inda bugu yake, sai in sauya hoto. Duk yabon da aka yi wa finafinaina shekarun nan, daga allonki ya fito.

In na sa sabon mutum zai tambayi dalili. Ranar da kamfanin da nake wa aiki ya ji, za a ba ni furanni a karɓe aikin. Tsoro nake ji, Solvej. Inge kaɗai ta sani.

Ki yafe mini,
Preben

Bornholm, 24 ga Mayu

Dattijon banza,

Na gaishe ka. Inge kaɗai, in ji wa? Tun wasan Odense na sani, ranar da na yi ta ihu a waya cewa ruwa na zuba mini a wuya, ka amsa da "Madalla, riƙe haka." Kana tsammani haka kawai duk masu gangar Denmark suka fara son farin wando? Ni nake bin su ɗaya bayan ɗaya ina roƙonsu su sa, don gwiwar ta fito maka ras a allo. Ba wanda ya taɓa tambayata dalili, ba kuma wanda ya kai maganar kamfani. Mogens har ƙara ɗaga ƙafa yake yi, yanzu ƙugunsa ciwo yake masa.

Abin da ya ci mini rai shi ne ka kasa gaya mini. Na yi kuka da na karanta, kada ka ji daɗi.

Zan zo a jirgin ruwan Alhamis. A kafa mini kyamarar a kan ƙafafunta, a ba ni kujera, ka sayo baƙin burodi da kifi.

Taka duk da haka,
Solvej

Aarhus, 2 ga Oktoba

Zuwa ga Solvej,

Bayan gaisuwa, ga fim ɗin, na ƙarshe daga hannuna. Na gaya wa kamfani komai da kaina, bayan na gama. Ki kira jikarki, ku duba minti na saba'in da ɗaya.

Naki har kullum,
Preben

Bornholm, 6 ga Oktoba

Preben,

Gaisuwa. Mun gani. Daƙiƙa tara cur, gwiwar Mogens ta cika allo, mutum dubu ashirin suna tafi daidai da ita. Hoton yana ɗan rawa, hannuna ne.

Yarinyar ta sa an maimaita sau biyar. Ta ce, "Kaka, wannan naki ne?" Na ce nawa ne.

Sai ka zo,
Solvej