Haƙoran sama ne suka fara fito wa ɗiyata

Assalamu alaikum 'yan uwa. Admin don Allah a ɓoye sunana, akwai 'yan garinmu a gurup ɗin nan. Don Allah ku ba ni shawara, kuma wanda zai zagi surukata ya bari sai ya karanta har ƙarshe.

Ni 'yar garin Bahindi ce, shekara uku da aurena. Maigidana ɗan ƙetare ne, ƙauyensu na cikin Benin amma babu nisa da boda, yana fataucin shinkafa, a kasuwar Lolo ma ya san babana. Musulmi ne su gaba da baya, yarensu ne kawai daban, kuma duk suna jin Hausa. A gidansu na tare, babban gida ne mai mutum kusan talatin. Mahaifiyarsa, Inna, wallahi ban taɓa ganin suruka irinta ba. Da na haihu ita ta yi mini wankan jego da hannunta har kwana arba'in, shi ya sa na ce a sa wa jaririyar sunanta, muke kiran ta Ummi.

Ummi na da wata bakwai na ji abu ya ɗan kartse ni tana shan nono. Na duba, sai ga haƙora biyu farare a sama. Ni da wautata, na ɗauke ta da gudu na kai tsakar gida inda mata ke sussuka, na buɗe bakinta ina cewa Inna ta zo ta ga takwararta ta yi haƙori, yau sai ta ba mu tukuici. Babu wadda ta yi dariya. Matar wan mijina ta ajiye taɓarya ta ja yaranta ɗaki. Inna ta zauna a ƙasa daɓas tana salati.

Ashe a wajensu yaron da haƙoran sama suka riga fito masa, da mutuwa ya zo, in ya zauna sai ya cinye gidan. Ba kowa ya yarda da haka ba yanzu, limaminsu ma yana wa'azi a kai, amma tsofaffi ba su saki ba. Da na sani da na yi shiru har na ƙasan su fito, ba mai ganewa. Da bakina na yi shela.

Na kai ta asibiti a Bagudo, nas ta ce lafiyarta ƙalau, ana samun haka. Maigida ma ya ce camfi ne, in share. To sati biyu bayan nan mahaifinsa ya faɗi a gona, ɓarin jikinsa ya shanye. Mutumin da ya daɗe da hawan jini yana ƙin shan magani! Amma wa zai saurare ni? Tun ranar ba a ɗaukar Ummi, ba a shan ruwa a randata, in na shanya kayanta sai a kwashe na kusa da su. Shi kansa maigidan har yanzu yana cewa camfi ne, amma na lura ya daina sa mata yatsa a baki tana ciza kamar da.

Na yi faɗa, na ce jahilci ne, na ce rashin imani ne, har na faɗa wa Inna maganar da nake kunyar maimaitawa. Ba ta rama ba. Washegari da hantsi ta shigo ɗakina ta zauna bakin ƙofa, ta ba ni labarin da ko ɗanta bai sani ba. Kafin ta haifi mijina ta haifi wani namiji, shi ma na sama suka fara fito masa. A zamanin, ta ce, akwai wanda ake kira ya tafi da irin yaran nan, ba a sake ganinsu. Ta yi ta roƙo har aka yarda ta kai shi rugar Fulani, don su abin ba ya kama su. Yana nan da rai, da matansa da shanunsa. Duk ran kasuwar Lolo tana hango shi a kara inda ake sayar da shanu, shekara arba'in ba ta taɓa ce masa sannu ba.

Ta ce mini, "Ɗiyata, kina gani ban san zahin ba? Ni na ba da nawa don mutanen gida su rayu. Ke kin riƙe taki ko kowa ya mutu. To wace ce marar tausai cikinmu?"

Wallahi ban yarda ba, amma na ga har zuciyarta take faɗa. A wajenta abin da take nema da ni shi ne rahama, ni ce mai son kai.

Na je gida na faɗa wa babana, ya ce wannan shirka ce, in kwaso kayana in dawo, dama mutanen can sai a hankali. Ina jinsa sai na tuna Gwaggo Tani, ƙanwar kakata, da aka ce mayya ce don yara biyu sun mutu a layinsu. A garinmu ne fa, mu masu cewa mun waye. Ba wanda ya ci abincinta har ta rasu, ni kaina in ta miƙo mini ƙuli gudu nake yi, kuma babana bai taɓa kiran wannan shirka ba. Ban faɗa masa ba, amma raina ya ɓaci ƙwarai.

Yanzu ga inda ake. Inna ta samo wata Bafulatana a wajen garin Lafagu, ta ce in an yaye Ummi a kai ta can, zan riƙa ganinta amma ba za ta ƙara kwana gidan ba. Dattawan gida sun ce in ba haka ba, ni da ita mu bar gidan. Maigida ya ce ba zai tilasta ni ba, amma ba zai bar ubansa a kwance ya bi ni ba. Ran kasuwar Lolo mai zuwa suke jiran amsata, kuma ina da ƙaramin ciki, maigida bai sani ba tukuna.

Na san ba zan iya ba da ɗiyata ba. Amma in na tafi aurena ya mutu, in na zauna da ƙarfi ta tashi a gidan da kowa ke gudunta, kuma in tsohon ya cika a kanta za a ɗora har abada. Akwai wanda ya taɓa canza ra'ayin mutanen da suke ganin su ne masu gaskiya, kuma ba mugaye ba ne? In kai maganar wajen liman, ko hakan tona asirin Inna ne? Ko in ɗauki 'yata in tafi kawai?

Ku taimaka ku faɗa mini abin yi da wuri, don abin ya fara shiga ni. Jiya Ummi ta kalle ni ta yi dariya, ba kowa a ɗakin sai ni da ita, na tsinci hannuna yana rufe mata baki.